Ƙarni da Zarni

Ɗakinmu na tsohuwar Mushairib a birnin Doha, kafin a rushe unguwar a kafa waɗannan dogayen ofisoshin, babu irin warin da bai sani ba. Akwai safar masu gadi, akwai man zafi, akwai albasar da Indiyawan da ke ƙasanmu suke soyawa tun da sassafe, ga na'urar sanyaya ɗaki tana ɗiga a bokiti har ruwan ya yi kore. Ni kuwa mutum ne mai ƙyanƙyami tun ina ƙarami, ko ƙuda ya faɗa mini a kunu na haƙura da kunun ke nan. Duk da haka a hankali na saba da waɗannan. Wanda na kasa sabawa da shi shi ne zarnin da ya fara tashi daga jikin limaminmu.

Hausawa ne mu a ɗakin, direbobi da masu gadi, kowa da gadonsa na ƙarfe mai hawa biyu. Masallaci yana nan kusa, amma aikinmu ba ya bin kiran ladan. Sau da yawa kafin mu dawo an idar an ja ƙofa. Don haka muka mai da barandar da ke gaban ɗakin wurin jam'i, 'yan Gana na ɗakin kusa da mu su ma suna fitowa su shiga sahu. Mai jan mu wani dattijo ne mutumin Zariya, ba mai kiransa da komai sai Malam. A gida yana da zaure, magidanta suna ɗaukar karatu a gabansa. An kawo shi Doha da maganar zai koyar da yara, da ya sauka aka miƙa masa kujerar roba aka nuna masa ƙofar wani gini. Daga baya kafil ɗinsa, wato Balaraben da takardun zamansa suke hannunsa, ya ɗauke shi daga gadin ya kai shi kasuwar kifi, saboda yana da jiragen kamun kifi da rumfa a can. Malam bai taɓa gaya mana ainihin abin da yake yi a rumfar ba, mu ma ba mu tambaya ba.

A wurin aiki kowa yana iya daka masa tsawa, yalla yalla, wato yi maza, sa'an ɗansa ya nuna masa kwando da ƙafa. A barandar nan kaɗai yake Malam. Idan ya gyara zaman hularsa ya waiwayo ya ce a daidaita sahu, sai ka ga mutumin zauren nan ya dawo cikin jikinsa, har tsawo yake ƙarawa. Limancin nan shi ne kawai abin da ya rage masa a ƙasar, kuma babu wanda bai san haka ba a cikinmu.

Da shigowar zafi abin ya fara, irin zafin Doha mai ɗanko wanda kana fitowa daga wanka kana neman wani wankan. Ranar farko ina daidai bayansa. Ya ɗaga hannu zai yi kabbara, iska ta kaɗa jallabiyarsa, sai na ji shi, zarni sak, irin na lungun bayan tashar mota. Na ɗauka daga makewayi ne. Washegari na sake ji, jibi ma haka, kuma duk inda Malam ya gusa warin yana binsa. Mutum ne mai tsabta, yana dawowa zai yi wanka ya sauya kaya ya goga turare. Turaren kuwa ƙara ɓata lamarin yake yi, don in zarni ya haɗu da almiski sai ka gwammace a bar maka zarnin shi kaɗai. A sujada nakan riƙe numfashi har kaina ya fara sarawa. Sau da yawa na idar da sallah ban san surar da ya karanta ba, hankalina yana kan cikina kada ya tona mini asiri.

Kowa ya ji, kowa ya yi kamar bai ji ba, har wata rana da yamma Malam ya sauka sayen burodi, sai maganar ta ɓalle da kanta.

Wani ɗan Kumasi, direban motar ruwa, mutum mai sauƙin kai, shi ya fara neman masa mafita. Ya ce, "Jama'a, ni dai ina gani kifi ne. Mutum yana aiki cikin kifi tun asuba, mi kuke so shi yi, ƙanshin fure?"

To, akwai wani mutumin Yawuri a ɗakinmu, mai gadi a wani otal, Basarke ne, jinin masunta gaba da baya. Duk ranar da muka haɗa kuɗi muka sayo kifi, sai ya ɗaga shi ya leƙa kunnensa ya yanke hukunci kafin a ɗora tukunya, har muke tsokanarsa da Sarkin Ruwa, shi kuma yana amsawa. Da jin an ambaci kifi ya gyara zama.

"Bari wanga zance," in ji shi. "Ni Basarke na, ubana Basarke, kakana cikin jirgi anka haihe shi. Giwan ruwa, tarwaɗa, kurungu, karfasa, babu wanda ban hwasa cikinai ba. Kihi ƙarni shikai. In ya kwana shi yi ɗoyi. Amma tun da uwata ta haihe ni ban taɓa jin kihin da ka zarni ba. Ƙarni daban, zarni daban. Wanga hitsari na."

Shi ke nan, magana ta ƙare. Wa zai yi wa Basarke gardama a kan kifi? Mu sauran 'yan tudu ne, iyakar saninmu da kifi a miya. Nan take aka yanke cewa tsufa ne ya kama Malam, yoyon fitsari yake yi bai sani ba, ko ya sani yana ɓoyewa. Wani ya ce bin mai yoyon fitsari makaruhi ne ga mai lafiya. Wani ya ce in najasar tana jikin tufafi ai abin ya wuce makaruhi. Abin haushin, duk waɗannan hukunce-hukuncen a bakin Malam ɗin suka ji su, shi yake karanta mana babin tsarki duk ranar Juma'a da yamma.

Na ce to a samu mutum ɗaya ya ja shi gefe ya gaya masa. Kowa ya sunkuyar da kai. Wannan ya ce sa'an mahaifinsa ne, wancan ya ce bakinsa ba zai iya ba. Ni ma da na kawo shawarar, da aka ce to in je, sai na ga ba zan iya kallon furfurar mutumin nan in ce masa yana fitsari a wando ba. A sauya liman kuwa, da wane dalili? Sai suka samo wata dabara wadda har yau in na tuna ta nakan ji ta fi zarnin tayar mini da zuciya. Za a bi shi sallah kamar kullum, a sallame, a shafa addu'a, a yi musabaha. Sannan kowa ya sulale ya je ya sake tasa.

Haka aka yi ta yi. Ana idarwa sai ka ga baranda ta watse kamar an yi ruwa. Wannan ya ce zai hau sama ya duba shanya, ya je bayan tankunan ruwa ya tayar da kabbara. Wancan ya ce zai sayo katin waya, ya tsaya a ƙarƙashin matakala. Sarkin Ruwa a tsakanin gadaje yake yin tasa, ya rataya bargo ya kare. Malam yana zaune shi kaɗai a kan dardumarsa yana jan carbi, yana yi wa mutanen da suka gudu addu'ar Allah ya tsare su a wuraren aikinsu. Suka daina taka shimfiɗarsa. Suka sayo masa buta sabuwa, ja, don kada ya taɓa tasu, ya karɓa da hannu biyu yana sa musu albarka, a zatonsa girmamawa ce. In ana cin abinci a faranti ɗaya sai ka ga an bar masa gefensa da faɗi, ba mai kai hannu wajen.

Ni ban taɓa sake ko raka'a ɗaya ba. Kada a ɗauka waliyyi ne ni. Mutumin da ya yini a bayan sitiyari, ya samu ya sauke farali da ƙyar, ba ya neman dalilin yin ta sau biyu. Na dai koma can ƙarshen sahu, wajen da iska take shigowa.

A lokacin ina tuƙi ne a gidan wani Balarabe ɗan ƙasa. Rabin aikin jira ne: jira a ƙofar makaranta, jira a ƙofar kanti, jira a ƙofar gidan biki. Wata rana na kai uwargidan wurin gyaran gashi a unguwar Bin Mahmud, na san kuwa in ta shiga sai Allah, sai na shiga lalube a mota ko zan samu abin karantawa. A aljihun bayan kujera na ci karo da wani faffaɗan littafi mai hotuna da yaran gidan suka manta. Da Turanci yake, ni kuma ina da ɗan abin da na tsira da shi daga sakandare. Littafin gaba ɗayansa a kan kifin shak ne.

Ban taɓa ganin halittar da ta ba ni ƙyama a takarda kamar wannan ba. Bakin a ƙarƙashin kai, haƙora layi bayan layi, idon kamar na mushe tun yana da rai. Wani kansa a baje kamar an taka shi da mota. Littafin ya ce ba shi da ƙashi ko ɗaya, duk guringuntsi ne. Ya ce da yawansu haihuwa suke yi kamar akuya, har akwai irin da 'ya'yan suke cinye junansu tun suna cikin uwa. A wani shafi, can ƙasa da ƙananan haruffa, aka ce abin da sauran dabbobi suke fitarwa a fitsari shi riƙe shi yake yi a cikin jininsa da namansa, don kada gishirin teku ya tsotse masa ruwan jiki, shi ya sa in ya mutu ya ɗan jima yake wari. Na rufe littafin na goge hannuna a wando. Wallahi ko kaɗan Malam bai zo mini a rai ba. Shak ɗin littafin suna can ne a wani shuɗin teku mai nisa, Turawa masu tabarau suna iyo a gefensu. Kifin da na san ana sayarwa a Doha hamur ne da kan'ad da safi, su ake aika ni sayowa a babban kanti, a wanke, a cikin leda.

Ba a daɗe ba tsohuwar gidan, mahaifiyar maigida, ta tashi da kwaɗayin wani abincin ƙuruciyarta. Ta ce ba na kanti take so ba, in tafi babbar kasuwar kifi da sassafe in sayo mata yaryur. Ban san mene ne ba. Ta maimaita mini har na riƙe, na kama hanya ina yaryur yaryur a bakina kamar mai tsoron mantuwar aike.

Ranar na fara shiga kasuwar. Ƙasa jiƙe sharkaf da ruwan ƙanƙara da jini, sai da na naɗe ƙafar wandona. Masunta Indiyawa da zani ɗaure a ƙugu suna sauke kwanduna, ido ja, fata ta ƙone da rana, kyanwoyi suna ratsa ƙafafun mutane da hanji a baki. Na tambayi wani mai rumfa yaryur, ya nuna mini can ƙurya da wuƙarsa. Ina isa na tsaya cak. Ga su nan jibge kamar itacen girki, abin da na gani a littafi, ƙanana tsawon hannu, manya sun kai tsawon mutum, bakin nan a ƙasa, idon nan. Wani yana bi yana sare fikafikan yana jefawa a kwando daban, an ce busarwa ake yi a kai wata ƙasa su yi miya da shi. Wani ya tsaga cikin wata babba, sai ga 'ya'ya sun silalo kan siminti, kowanne da kammalallen kai da wutsiya. Ya sa ƙafa ya ture su gefe ya ci gaba da hirarsa.

Ina ɗago kai na hango Malam. Ya fito daga bayan wata motar ƙanƙara da wani ƙaton shak a kafaɗa, wutsiyar tana dukan bayan gwiwarsa. Ba hula a kansa, wani tsumma ya naɗa. Ruwan jini yana bin wuyansa, yana gangarawa ta haƙarƙari, ya jiƙa wandon tun daga ƙugu har ƙasa. Ya sauke, ya juya ya koma ɗauko wani, wani saurayi mai riƙe da waya yana ce masa yalla. Na yi maza na juya baya na shige wata rumfar, don na san ba zai so in gan shi a haka ba. Na sayi ƙananan guda biyu na fita.

Har a lokacin ban haɗa ba, don a kasuwar wari ya yi yawa, hanci ba ya iya tsince ɗaya. Na jefa ledar a but ɗin mota. Ina hanya uwargida ta kira, in biya in ɗauko mata ɗinki, daga can in ɗauko ƙanwarta, ga cunkoso, ga rana ta buɗe. Sai wajen azahar na shiga gida. Na zagaya na ɗaga murfin but, sai Malam ya buge ni a fuska. Ba kama ba ce, shi ne, zarnin nan da na yi wata da watanni ina riƙe wa numfashi. Na dafa mota na yi ta kakarin amai a gindin taya. Mai dafa abincin gidan ta fito tana faɗa, wai wa ya ce in bar yaryur a rana, shi ai da an kama ake zubar da jininsa, in za a dafa ma sai an tafasa an matse. Ina durƙushe ina share baki shafin nan mai ƙananan haruffa ya dawo mini.

Da ta feɗe, na roƙe ta fatar da ledar da jinin ya taru a ciki. Ta dube ni kamar na haukace, ta miƙo mini da yatsa biyu. Na ƙulle a leda uku, na ɗauki littafin, na tafi da su ɗakinmu ranar hutuna.

Na jira har Malam ya tafi shagon waya zai kira iyalinsa, sannan na tara su a baranda. Na ce wa mutumin Yawuri, "Sarkin Ruwa, rufe idonka, ina da tambaya."

Ya rufe yana murmushi. Na kwance ledar na kai masa hanci. Ya yi baya da sauri har ya bugi bango.

"Subhanallahi. Wandon Malam ka ɗauko? Kai ba ka da tsoron Allah?"

"Buɗe ka gani."

Ya buɗe. Ya daɗe yana kallon fatar, ya sa ɗan yatsa ya shafa, ya ji ta kamar samfefa. Na buɗe littafin na nuna musu hoton, na fassara musu shafin gwargwadon iyawata, na gaya musu abin da na gani a kasuwa, da yadda jinin yake bin jikin Malam tun asuba har rana ta take. Wanka ɗaya ba ya fitar da wannan. Ledar ta zagaya hannu zuwa hannu, kowa ya shaƙa ya kawar da kai.

"Wanga ba kihi ba na," in ji Sarkin Ruwa. "Kihi da haihuwa? Kihi da hitsari cikin nama? Wanga karen ruwa na."

Ɗan Kumasi ya yi dariya har da riƙe ciki. Ya ce, "Ko kare ne ko jaki ne, cikin ruwa ya fito, kuma ba wandon Malam ya fito ba. Ni na faɗi, kun ce kakanku cikin jirgi aka haife shi."

Aka ɗan yi dariya, sannan dariyar ta mutu, don kowa ya tuna bayan tankin ruwa da ƙarƙashin matakala. Na ce musu to khalas, magana ta ƙare a nan. Malam bai san an yi ba, kada ya san an daina. A bi shi sallah, a zauna a yi addu'a tare da shi, a mayar da jar butar nan cikin sauran, shi ke nan. Kowa ya ce haka ne. Ɗan Kumasi ya ɗauki ledar ya sauka da ita har bola.

Sarkin Ruwa ne kawai bai gamsu ba. Yana zaune yana murza hannu. Can ya ce shi fa ya ɗauki alhakin bawan Allah, da bakinsa ya yi masa shaidar abin da bai yi ba, kuma haƙƙin mutum ba ya faɗuwa sai mai shi ya yafe. In ya mutu a daren nan fa? Na ce ya roƙi Allah, ya yi wa Malam alheri a ɓoye, ya bar dattijo da mutuncinsa. Ya ce a'a, shi ba zai kwana da kaya a wuya ba. Raina ya ɓaci, na ce masa da ma can da kake sake sallah kanka kake wankewa, yanzu ma kanka za ka wanke, shi kuma Malam ko oho. Ya ce ni direba ne, me na sani a addini. Da ba a shiga tsakaninmu ba da an ji mu a ƙasa.

Magariba ta yi, Malam ya dawo da fara'arsa, ya ce an gaya masa an yi ruwa mai kyau a gida, masara ta yi. Ya yi alwala, aka yi iƙama, ya taka zai shiga gaba. Sai mutumin Yawuri ya zube a gabansa ya kama hannunsa da hannu biyu.

"Malam, ka yahe mini don Allah. Na zalunce ka."

"Subhanallah, tashi mana. Me ya faru?"

Ya fara zuba. Ya faɗi zarnin, ya faɗi taron da aka yi, ya faɗi ƙarni daban zarni daban, ya faɗi yoyon fitsari, da wannan kalmar, a gaban kowa. Ni ina can ƙarshen sahu ina ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Malam ya saurara bai katse shi ba. Da ya gama, sai ya ɗaga hannun rigarsa ya shinshina, ya sake shinshinawa, ya yi ɗan murmushi.

"Ikon Allah. Ni ai ba na ji. Hancin ya mutu tuni." Ya dube mu ɗaya bayan ɗaya. "To ai da kun gaya mini. Ko da ma abin da kuka zata ne, lalura ce, ba abin kunya ba. Da na ja baya wani ya shiga, in na samu lafiya in dawo. Ba komai, na yafe. Tashi, lokaci yana tafiya."

Na sauke ajiyar zuciya. Na ce a raina dattijon nan ya fi ƙarfinmu, ya haɗiye, an wuce wurin. Da Sarkin Ruwa ya tashi a nan da shi ke nan. Amma daɗin yafiyar ya kwashe shi, ya ga tunda ana yafewa gara ya juye buhun gaba ɗaya.

"Allah shi saka da alheri, Malam. Wallahi mu ma mun wahala. Kullum sai mun sake sallah, wani bisa soro, wani ƙarƙashin matakala. Yanzu an huta."

Murmushin bai tafi nan take ba, sai da ya ɗan tsaya a fuskar kamar bai san an gama da shi ba.

"Sake sallah?"

Malam ya sake tambaya.

"Wadda na ja ku?"

"Don kore shakka dai, Malam," in ji wani daga baya, murya ƙasa-ƙasa.

"Tun yaushe?"

"Tun shigowar zahi," in ji Sarkin Ruwa.

A lokacin zafin ya riga ya karye, har mun fara kashe na'ura da safe. Na ga Malam yana lissafin watannin a ransa, ya dubi shimfiɗun da ke jere a bayansa.

"Dukanku?"

Na ce, "Ban da ni, Malam." Ban san ko ya ji ba, bai dubi wajena ba. Ni kaina da maganar ta fita sai na ji ta ƙarama.

Daga ƙasa ana jin ƙarar motoci da Indiyawan nan suna kwankwasa tukwane. Sannan ya ce, ba da faɗa ba, kamar mai gyara wa ɗalibi karatu, "Ashe ni kaɗai nake sallah. Ku jira kuke in gama."

Ya sunkuya ya ɗauke dardumarsa daga gaba. Aka shiga ba shi haƙuri, wannan yana Malam don Allah, wancan yana Malam don Annabi. Ya ce magariba ba ta jira, wani ya shiga. Ba wanda ya motsa. Sai ya kama kafaɗar mutumin Yawuri ya tura shi gaba a hankali, shi kuma ya zo ya shimfiɗa dardumarsa kusa da ni.

Daga ranar bai ƙara jan mu ba, har kafil ɗinsa ya mayar da shi wani masauki kusa da kasuwar. An roƙe shi, an aiko masa da manya daga wasu ɗakunan, ya ce ƙafarsa ce take ciwo.

Sallar ranar kuwa ban taɓa bin irinta ba. Sarkin Ruwa bai taɓa limanci ba, ya ci gyara a Fatiha, ya kama sura ya ɓace a tsakiya sai da Malam ya ɗora shi daga baya, ya tashi a inda ya kamata ya zauna. In akwai sallar da ta cancanci a sake ta a barandar nan, wannan ce. Aka sallame, ba wanda ya tafi duba shanya, kowa ya zauna yana kallon gabansa. Malam ya ja carbinsa, ya shafa, ya naɗe darduma ya shiga ɗaki ya zauna a bakin gadonsa. Na bi shi da ido ta ƙofa har aka kira isha, ko zai tashi ya sake. Bai sake ba.